Kabbara ta Huɗu

Kakana na wajen uba ya mutu sau huɗu. Uku a gaban Nasara, ta ƙarshe kuma ita ce wadda ba a tashi. Ni dai na taso na tarar da shi tsoho, baduku, zaune a zauren gidanmu a Birni, cikin Damagaram, da jajayen fatun akuya a gefensa, yana ɗinka kube da layu da basillarsa. In ka gan shi ba za ka ce ya taɓa wuce ƙauyen Tirmini ba. Amma duk unguwa an san shi ne mutumin da ya taɓa shiga silima, tun zamanin da silima ya fara magana.

Ni ce jikarsa mace ta fari, saboda haka ni ce uwargida. In na kai masa fura sai ya ce ta yi tsami, zai sake ni ya auro mai hankali. Ni kuma in ce mijin da ya riga ya mutu sau uku ba shi da bakin saki, takaba ma na gama tuntuni. Sai ya yi dariya har basilla ta faɗi daga hannunsa. A wannan zauren, tsakanin warin fata da ƙudan fura, na ji labarin siliman nan ya fi sau ɗari, kuma bai taɓa canza ko kalma ɗaya ba.

Yana saurayi wasu Nasara suka zo Damagaram da manyan motoci biyu cike da akwatuna. Gardi, ɗan sandan Nasara, ya shigo unguwa yana nuna dogayen samari da bulala, ya nuna shi. A lokacin in gardi ya nuna ka ba ka tambayar ina za a je. Shi ya ɗauka aikin tilas ne, har ya yi wa uwarsa sallama. Da aka kai su bayan duwatsu sai aka ɗora wa kowa akwati a ka, tafinta ya ce su yi tafiya cikin rairayi, in Nasara ya ɗaga hannu ɗaya daga cikinsu ya faɗi kamar ƙishi ya kashe shi. Aka gwada samari biyar. Wani ya sa hannu ya tare ƙasa, wani ya faɗi yana dariya, wani ya duba wurin da zai faɗi tukuna. Kaka ya zube kamar buhun gero, ƙudaje suka sauka a fuskarsa bai motsa ba. Nasaran ya yi ta tafi, daga ranar ya zama gwanin mutuwa.

A silima na biyu har magana aka ba shi, jimla ɗaya ta Faransanci. Kwana uku tafinta yana koya masa ita, shi kuwa bai san ko "sannu" ba a harshen. Ma'anarta wai ruwa ya ƙare. Ya faɗe ta, aka harbe shi da bindigar da ba harsashi, ya mutu. Har tsufansa duk ranar da randar gidanmu ta bushe sai ya leƙo daga zaure ya faɗi jimlar nan da ƙarfi. Da na shiga lakwal, makarantar boko, na fara jin Faransanci sai na gane ko Nasaran da ya rubuta ta ba zai gane ta a bakin Kaka ba. Ban gaya masa ba.

Waɗannan biyun da dariya yake ba da su. Na ukun ne in ya zo kansa sai ya ajiye aikin hannunsa.

Bayan damina biyu wani Nasara mai jan gemu ya zo, aka ce ana neman baduku mai iya mutuwa. Kaka bai san labarin siliman ba, har ya rasu bai sani ba. Abin da aka gaya masa kawai shi ne za a yi jana'iza, kuma shi ne gawar. Aka aro makarar masallacin unguwarmu, ita kanta wadda aka ɗauki kakansa a kai. Aka naɗe shi da farin alawayyo, aka ɗaure kai da ƙafa, aka ajiye shi a filin da ke gaban masallacin. Aka tara mutanen unguwa su yi sahu.

Limamin unguwa ya ƙi zuwa, sai da saƙo ya zo daga wajen kumandan, Nasaran da ke mulkin gari. Da ya zo ya gaya wa mutane cewa shi bai iya wasa da kabbara ba. In ya buɗe baki ya kira sunan Allah, da niyya yake kira. Saboda haka salla zai yi ta gaske, kowa ya je ya yi alwala, Allah shi ya san wanda za ta isa. Mutane suka je suka yi alwala suka dawo. Kaka yana cikin alawayyo yana jin duk wannan.

Sallar gawa, ga wanda bai sani ba, a tsaye ake yin ta. Liman ya yi kabbara huɗu da ƙarfi, tsakanin kowace da kowace a yi shiru ana addu'a a zuci, bayan ta huɗu ya yi sallama, sai a ɗauki mamaci. Ba ta kai lokacin tafasa shayi ba. To amma wannan silima mai magana ne. Akwai wani Nasara na biyu da wani abu a kunnuwansa, da doguwar sanda da aka rataya wa abin ɗaukar murya a bisa kan liman. Abin nan yana jin komai. Tun da safe gardi ya bi gida gida ya hana mata daka, aka kore jakuna can nesa. Sai dai Birni ba ya yin shiru don an ce ya yi.

Liman ya yi kabbara ta farko, ya yi ta biyu, sai zakara ya yi cara. Mai abu a kunne ya ɗaga hannu, tafinta ya ce a sake. Aka sake, jaki ya yi kuka daga inda aka kai shi. Aka sake, wata tsohuwa kurma da ba ta ji dokar gardi ba ta sa taɓarya a turmi. Kaka ya ce zufa ta jiƙa alawayyon har ya manne masa a fuska, yana numfashi kaɗan kaɗan don kada ƙirjinsa ya motsa, yana ƙirga kabbarori. Sau bakwai aka tayar da salla a kansa. A ta bakwai aka kai kabbara ta uku, gari ya yi tsit, ya ce a ransa to yau kam an gama. Sai wani a sahun baya ya yi tari.

Mai jan gemu ya ce ya isa haka, abin da ya samu zai yanka ya haɗa. Tafinta ya kaɗa hannu ya ce kowa ya tafi. Azahar ta yi, rana ta ƙwalle, mutane sun gaji sun fusata, suka watse. Liman ya shige masallaci bai waiwayo ba. Nasara suna naɗe wayoyinsu. Kaka yana nan a ɗaure a kan makara, bai san an watse ba, yana jiran ta huɗu. Ya ce bai san tsawon lokacin da ya yi ba kafin wani abokinsa ya tuna da shi ya zo ya kwance masa ɗaurin kai.

Daga nan bai sake shiga silima ba. An aiko ana nemansa wani karo, ya gudu ƙauye sai da motocin suka tafi. Uwarsa ta gan shi a kan makara ta kafar katanga, kuma ba ta bar shi ya shiga gida ba ranar sai da ya yi wanka a waje. Alawayyon da Nasara suka bar masa ta kai marina aka rine shi baƙi, don ya daina zama likkafani. Unguwa kuwa ta sa masa Gawa, sunan ya bi shi har kan 'ya'yansa. Gwaggona, 'yarsa ta fari, ita ta fi shan wannan. A bakin rijiya 'yar gawa ake ce mata. Da aka yi mata aure a Garagumsa ta ce ta gode Allah da ya kai ta inda ba a san silima ba. In ta zo ganin gida Kaka ya fara labarin nan, sai ta tashi ta bar wurin.

Bayan kwanaki Kaka ya sami liman ya tambaye shi me ya sa bai ƙarasa ba. Liman ya ce ranar ransa ya ɓaci har ya manta akwai mutum a cikin ƙyallen. Kaka ya roƙe shi ya ƙarasa yanzu, ko a cikin zaure ne, su biyu. Liman ya ce ba a yi wa mutumin da ke tsaye da ƙafafunsa sallar gawa, wancan ma kuskure ne da tsoron kumandan ya sa shi. Ya ce ya bari sai ranar, shi da kansa zai yi masa cikakkiya. Liman ya riga shi rasuwa da shekaru masu yawa.

Malamai da dama ya tambaya, wasu a gabana. Duk amsarsu ɗaya ce: wancan ba salla ba ce, babu abin da ya rataya a wuyansa, ranar da ya cika za a yi masa tasa kamar kowa. Yakan gyaɗa kai ya yi godiya, ya ba su goro. In sun tafi sai ya ce mini su ba su kwanta a ciki ba. Ya ce shi ji yake kamar an ɗauko shi an ajiye a tsakiyar hanya an tafi. Ba a yin jana'iza a Birni bai je ba, ko da ƙafarsa na ciwo, kuma sahun gaba yake nema. Mutanen da suka yi masa sahu a wancan filin duk sai da ya raka su ɗaya bayan ɗaya.

Ina 'yar shekara goma ko sha ɗaya na ga abin ba shi da wuya. Wata rana yana kishingiɗe a tabarma na tsaya a kansa na ɗaga hannuwa, na ce bari in yi masa ta huɗun ya huta mu huta. Ban kai ga buɗe baki ba ya tashi zaune ya riƙe hannuna da ƙarfin da ban san yana da shi ba.

"Uwargida, ba a wasa da kabbara," ya ce. "Wasan da aka yi da ita ne ya kawo ni nan."

Ban taɓa ganin fuskarsa haka ba. Na gudu wajen innata ina kuka, kwana biyu ban kai masa fura ba.

Da na girma aka tura ni Yamai horon malanta, sai wata dabara ta zo mini. Na ce tunda mai jan gemu ya ce zai yanka ya haɗa, wataƙila a cikin siliman kabbarorin sun cika huɗu. In Kaka ya ji da kunnensa, ko da haɗi ne, wataƙila ransa ya kwanta. Aka kwatanta mini wani biro, wato ofis, inda ake ajiye tsofaffin silima, na je. Wata mata mai kirki ta ba ni kujera, ta ɗauko takarda. Ta tambaye ni sunan siliman, ban sani ba. Ta tambayi shekarar, na ce bayan wata damina da fara ta yi ɓarna. Ta tambayi sunan Nasaran, na ce mai jan gemu. Ta tambayi a matsayin wa kakana ya fito a ciki, na ce gawa. Ta ajiye alƙalaminta a hankali. Ta ce irin su ba a rubuta sunansu, kuma yawancin silima na wancan zamani suna ƙasar Nasara, waɗansu ma sun ruɓe a cikin gwangwaninsu. Na fito na tsaya a bakin titi ina jin haushin kaina, ga karatu na yi amma ban iya samo wa tsoho ɗaya kabbara ɗaya ba. Da na koma gida na gaya masa gaskiya. Ya ce to, ya ci gaba da ɗinkinsa.

Ciwon ajalinsa bai daɗe ba. Lokacin ina da aure a unguwar, da goyon ɗiyata ta biyu, kullum da hantsi nakan shigo in duba shi. Wata rana ya ce kowa ya fita sai ni. Ya ce maza za su yi masa salla a ƙofar gida, in an tambaye su za su ce an yi daidai, kullum haka suke cewa, don ba wanda yake ƙirgawa. Ya ce ni mace ce ba zan shiga sahu ba, amma katangar zaure ba ta da kauri.

"Ki tsaya a bayanta ki ƙirga mini," ya ce. "In kin ji ta huɗu, kin ji sallama, ki ce an gama. Da baki za ki faɗa, ba a zuci ba."

Na ce wannan tsoho da son wahalar da mata, ko a can ma sai an yi maka aiki. Bai yi dariya ba. Ya riƙe gefen zanena har sai da na ce na yi alkawari.

Ya cika da safe, cikin damina, bayan kwana shida. Aka tura mutum Garagumsa ya gaya wa Gwaggo, amma mutane suka ce ba za a jira ba, gawa ba ta jira. Ana masa wanka ni kuma na tashi. Na shiga gidajen maƙwabta ɗaya ɗaya na roƙi mata kada wadda ta sa taɓarya a turmi sai an ɗauke shi. Na sa mijina ya je ya roƙi mai injin niƙa na bakin layi ya kashe injinsa. Na kama kajin gidanmu na tura a akurki na rufa musu buhu. Ɗiyata na kwance ta daga bayana na ba wata ta tafi da ita can ƙarshen unguwa. Matan da ke zaune a tsakar gida na ce musu duk mai kuka ta yi da mayafi a baki. Suka bi ni da kallo, na ji wata tana cewa mutuwar ta taɓa mata kai. Ban kula ba. Sai daga baya na lura aikin gardin nan na yi, gida gida, har da kaji.

Aka fito da shi, aka ajiye makara a ƙofar gida. Na tsaya a bayan katangar zaure na manna kunnena a jikinta. Ina jin takun mutane suna daidaita sahu, da yawa, har cikin lungu. Sai komai ya yi shiru, irin shirun da ban taɓa ji a Birni ba.

Liman ya yi ta farko, na lanƙwasa yatsa ɗaya. Ya yi ta biyu. Ya yi ta uku, na lanƙwasa na uku, na riƙe numfashi.

Gwaggo ta iso a wannan lokacin. Sahu ya toshe ƙofar gida, sai ta biyo ta gidan maƙwabta, ta ƙaramar ƙofar da ke tsakaninmu. Ba wanda ya gaya mata dokata. Ta shigo da ƙurar hanya a ƙafafunta, ta ga tabarmar ubanta an naɗe an jingine, ga takalmansa a gefe. Ta ƙwalla ƙara tana kiran Baba, ta faɗo a kaina don ni ce ta farko da ta gani a tsaye. Matan da na sa su toshe baki duk suka saki nasu.

Hannuna ɗaya a sake yake. Da na so da na rufe mata baki, na sha tunanin wannan. Amma matar nan da ta yi shekara hamsin tana gudun a ce mata 'yar gawa, yau ta zama, kuma ta ƙanƙame ni kamar ƙaramar yarinya. Na riƙe ta. Ina riƙe da ita ina miƙa wuya wajen katanga, ban ji komai ba sai kukanta a cikin kunnena. Babu wanda zai ɗaga hannu ya ce a sake. Da ta ɗan lafa, abin da na ji shi ne takun mutane suna nisa, an riga an ɗauke shi.

Da maza suka dawo daga maƙabarta na tare babana a zaure na tambaye shi kabbara nawa aka yi. Ya dube ni ya ce haba, nawa ake yi? Na tambayi mijina, ya ce huɗu mana. Na ce ya ƙirga? Ya ce ai liman ba ya kuskure. Na sa shi ya je ya tambayi limamin, liman ya aiko cewa in kwantar da hankalina, an yi komai daidai. Na yarda da su. Har yau na yarda an yi huɗu, hankalina bai taɓa ce mini ba a yi ba. Amma ba abin da aka sa ni ke nan ba.

Da yamma, bayan mutane sun ragu, na koma bayan katangar na tsaya. Na buɗe baki in ce an gama, na kasa. Shi da bai yarda da maganar malamai ba, bai yarda da maganar maza ba, ni kaɗai ya ba aikin don ya san ba zan faɗa masa abin da ban ji ba.

Gwaggo ta rasu ba ta san abin da ya faru ba, kuma ban ga amfanin gaya mata ba. Yanzu ni ce tsohuwar gidan, zauren ya zama shagon ɗinkin wani jikan ƙanena, ba mai tambayar labarin silima. In an yi rasuwa a unguwa aka kawo salla kusa da ƙofarmu, nakan tsinci kaina a bayan katangar nan ina lanƙwasa yatsu. Kullum huɗu nake samu, da sallama, a sarari, ko da babura suna wucewa. Na ji ta mutane da yawa, har da waɗanda ban san sunansu ba. Tasa ce kaɗai ban ji ba, kuma har yau ban ce masa an gama ba.